Manomin Da Ya Riƙe Biron Jam'iyya

Duk fom ɗin da na taɓa cikewa a hukumar zaɓe, a gurbin sana'a "manomi" na rubuta. Na san ba ni kaɗai ba ne. Tsohon soja haka yake rubutawa, ɗan kwangila haka, har wanda bai san bambancin gero da maiwa a tsaye ba. Ni dai tafin hannuna ne shaidata. Jikana ne ya matsa mini lamba in faɗi yadda aka yi na tashi daga bakin kunya har na zauna kujerar shugaban jam'iyya na jiha, ni ina faɗa shi yana bugawa a wayarsa. Ba zan kama sunan waɗanda muka yi rigima da su ba. Wasu sun riga mu gidan gaskiya, wasu kuma 'ya'yansu suna durƙusawa su gaishe ni.

A gidan noman gyaɗa na tashi. Mahaifina ya bar ni na gama firamare, daga nan ya miƙo mini fartanya, ya ce boko ya isa haka tunda ina iya karanta rasit. A lokacin manomi ba shi da bakin magana a kan farashin abin da ya noma. Hukumar sayen amfanin gona ce take yanke kuɗi tun daga sama, wakilanta masu lasisi su kafa sikeli a kasuwa, yaransu su ɗora buhu su faɗi nauyin da suka ga dama. Ina tsaye kusa da mahaifina nake ganin inda allurar sikeli ta tsaya, ina kuma jin abin da mai awo ya faɗa, su biyun ba su taɓa zama ɗaya ba. Idan na buɗe baki sai tsoho ya take mini ƙafa. Bashin mutumin ne a kanmu tun bazara.

Sai farin 1973 ya zo ya share rumbuna. Ba mu gama farfaɗowa ba, a 1975 wata cuta da ƙananan ƙwari suke yaɗawa ta faɗa wa gyaɗa. Ganye ya nannaɗe ya yi rawaya, ka tuge gindi ka tarar babu ko ƙwaya. Dalar gyaɗar da ake taƙama da ita a Kano daga nan ta kama hanyar ɓacewa. Mu kuma muka shiga neman abin da za mu shuka.

A shekarar ne aka buɗe ayyukan raya noma da tallafin Bankin Duniya a Funtuwa da Gusau da Gombe, a 1976 kuma gwamnatin Janar Obasanjo ta ƙaddamar da shirin ciyar da ƙasa. Malaman gona suka riƙa zuwa a kan babura da sabon irin masara. Irin yana da albarka, amma ba ya yi sai da takin zamani, takin kuwa a hannun gwamnati yake, ita take shigo da shi ta rage kuɗinsa ta raba. Abin da za a raba kuma dole a rubuta sunan masu karɓa. Wanda bai fahimci wannan ba ba zai gane yadda manomi yake faɗawa siyasa ba. Ni ba aƙida ce ta fara ja na ba. Takardar suna ce.

Da yake ina iya rubutu, aka ba ni sakataren ƙungiyar manoman yankinmu. Na bi gida-gida na rubuta kowa da girman gonarsa. Ranar da mota ta iso, ma'ajin sito ya zaro tasa takardar daga aljihu. Na leƙa, sai ga sunayen mutanen da ko akurkin kaza ba su da shi a karkararmu, kowanne da buhunansa, an riga an dangwala musu yatsa. Na ce, "Malam, waɗannan a ina suke noma?" Ya dube ni sama da ƙasa ya ce, "Yaro, daga sama aka aiko da su." Rabin motar ko saukewa ba a yi ba, ta juya. Bayan kwana kaɗan takin nan muka gan shi a kasuwa a hannun 'yan baranda, bakin buhun ko kwancewa ba a yi ba. Wani dattijo da ya riga ya shuka masara saboda alkawarin da na yi masa ya zo ƙofar gidanmu ya zauna bai ce komai ba. Tun ran nan na ƙudura sai na san inda wannan "sama" take.

Da sojoji suka ɗage takunkumin siyasa a watan Satumba na 1978, jam'iyyu 5 aka yi wa rajista: NPN, UPN, NPP, GNPP da PRP. Ban yi dogon tunani ba na bi PRP mai alamar mabuɗi, na bi Malam Aminu Kano. Yaran yanzu suna jin an ce gwamnatocin PRP na Abubakar Rimi a Kano da Balarabe Musa a Kaduna sun soke haraji da jangali, sai su ɗauka ƙaramin abu ne. Da kaka ake karɓar haraji, daidai lokacin da hatsi ya fi arha. Dole magidanci ya kwashi abin da ya noma ya kai kasuwa ya karyar don ya fita kunyar mai unguwa, damina ta yi tsakiya kuma ya dawo ya sayi hatsin nan da tsada ko ya ci bashi a kan amfanin da bai nuna ba. Soke harajin nan shi ne karo na farko da na ga ƙuri'a ta taɓa rumbun talaka. Aikina a lokacin wakilin akwati ne, in tsaya tun safe har a ƙirga a gabana. Sai jam'iyya ta dare gida biyu, santsi da taɓo, aka tsige Balarabe Musa a watan Yuni na 1981, Malam ya rasu ranar 17 ga Afrilu 1983, ranar ƙarshe ta shekarar kuma sojoji suka dawo. Na koma gona da ciwon abin a raina.

Abin da ya buɗe wa irina ƙofa, abin mamaki, dokar soja ce. A 1986 gwamnatin Babangida ta rushe hukumomin sayen amfanin gona, sannan ta haramta wa tsofaffin 'yan siyasa tsayawa takara, wai sabbin jini ake so. Manyan da suka saba cin zaɓe suka koma bayan labule suna neman wanda jama'a za su yarda da shi. A zaɓen ƙananan hukumomi na Disambar 1987, wanda aka yi ba jam'iyya, dattawan mazaɓarmu suka zo suka ce in fito kansila. Na fito, na ci.

Kansila a karkara alƙali ne da ba shi da kotu. Rijiya ta rufta, kai ne. Shanu sun shiga gona, kai ne. Mafi yawan lokacina a kan burtali ya tafi, domin taki ya sa ƙasar da a da ake bari ta huta ta zama abin so, manoma suka riƙa cinye hanyar shanu taku-taku har makiyayi ya rasa ta inda zai bi ya kai ga mashaya. Dokar mallakar ƙasa ta 1978 ta ba ƙaramar hukuma ikon bayar da filin noma a karkara har hekta 500, na kiwo har 5,000, amma masu zuwa da takarda su karɓi wannan ba mutanenmu ba ne, manya ne daga birni. Na tsaya a kan a sake shata burtali a kafa duwatsu. Manoma 'yan'uwana suka ce na sayar da su ga Fulani. Wasu daga cikin duwatsun suna nan har yau, kuma inda suke ba a zubar da jini ba. Wa'adinmu bai cika ba aka rushe mu aka naɗa kantomomi.

A 1989 gwamnati ta ƙirƙiro jam'iyyu 2 da kanta, SDP mai doki da NRC mai mikiya, ta rubuta musu manufofi, ta gina musu ofisoshi a kowace ƙaramar hukuma. Na hau doki. A Disambar 1991 na tsaya takarar majalisar dokokin jiha, kuma zaɓen ƙato-bayan-ƙato aka yi: a kafa hoton ɗan takara, mai sonsa ya tsaya a layi, a ƙirga kawuna da rana tsaka. Ana yabon tsarin da cewa ba a iya maguɗi, kuma da gaskiya a ciki. Amma ni na ga ɗaya fuskar. Na ga surukina a layin abokin hamayyata, kansa a sunkuye, saboda mutumin ne ya ba shi aron shanun huɗa. Na ga masu haya a gonar wani attajiri suna waige kafin su zaɓi layi. Da daddare surukin nawa ya aiko a ba ni haƙuri. Na ce a gaya masa ko ni ne a matsayinsa layin da zan bi ke nan.

Muka shiga majalisa a Janairun 1992. Ranar raba kwamitoci kowa yana kokawar kwamitin kasafi da na ayyuka. Na noma kuwa babu mai so, aka miƙo mini shi kamar sadaka. A nan na gane inda gizo yake saƙa. Kasafin kuɗi yana bin kalandar ofis, noma yana bin kalandar ruwan sama, kuma ba su san juna ba. A kawo kasafi a makare, a yi ta jan ƙafa, a sa hannu, a ba da kwangila, jirgin ruwa ya sauke kaya a Legas, tirela ta kamo hanya. Kafin taki ya iso ƙauye Agusta ta yi, masara ta riga ta fitar da kai. Takin da ake buƙata makonni 2 zuwa 3 bayan shuka, in ya zo a lokacin nan ba shi da amfani sai ga ɗan kasuwar da zai ɓoye shi zuwa baɗi. Na miƙe a zauren majalisa, Turancina bai taka kara ya karya ba, na roƙi kakaki ya bar ni in yi da Hausa. Na ce, "Ranka ya daɗe, damina ba ta san an ɗage zama ba." Aka yi dariya, aka buga tebur. Ƙudurina shi ne a ware kuɗin taki tun kafin ƙarshen shekara, ya kasance yana sito kafin watan Afrilu ya fita. Aka amince, aka tura wa ɓangaren zartarwa, can ya kwanta. Aka soke zaɓen 12 ga Yuni 1993, a Nuwamba Janar Abacha ya rushe mu baki ɗaya. Abokan zamana da yawa suka tsaya a babban birnin jiha suna bin ofisoshi ko za a samu ɗan abin yi. Ni washegari ina masussuka.

Jam'iyyu 5 na zamanin Abacha ban shiga ko ɗaya ba. A 1997 aka janye tallafin taki gaba ɗaya, muka koma tara takin gida da neman makiyaya su kwana a gonakinmu da rani. Da aka sake kaɗa gangar siyasa a 1998, aka zo aka ce in riƙe jam'iyya a ƙaramar hukumarmu. Daga nan ban sake tsayawa takara ba, aikin jam'iyya na kama.

Mutane suna ganin jam'iyya a talabijin, su ɗauka taron manya ne a Abuja. Jam'iyya tana mazaɓa ne. Ƙasar nan tana da ƙananan hukumomi 774 da mazaɓu 8,809, kowace mazaɓa da shugabanta da sakatarenta da shugabar mata da shugaban matasa, yawancinsu manoma da teloli da masu faci, ba albashi ba alawus. Su ne suke sanin wa aka yi wa rasuwa, wa ya yi fushi, wace unguwa ce ba a je ba. Na san su da sunayensu domin irin rayuwarmu ɗaya. Idan na kira taro ba na sa shi ranar kasuwa, ba na sa shi da safiyar da aka kwana ana ruwa, don na san kowa yana gona. Wannan ɗan abin da 'yan birni ba sa lura da shi ya sa tarona yake cika. Daga ƙaramar hukuma aka ɗaga ni zuwa shiyya.

Shugabancin jiha kuwa ba ƙarfina ne ya ba ni ba. Ɓangarori biyu ne suka ja daga, kowanne ya rantse ɗan ɗaya ɓangaren ba zai hau ba. Da aka gaji sai aka ce a yi masalaha, a nemo dattijon da ba shi da buri. Wani ya ce ga tsohon manomin nan. Na san abin da suke nufi: wanda za a ajiye wa takarda ya sa hannu.

Duk jihar da jam'iyya take mulki, gwamna ne jagora, shugaban jam'iyya sunansa ne a kan takarda. Kuɗin hayar ofis, man mota, har ladan mai gadi daga gidan gwamnati suke fitowa, domin 'yan jam'iyya ba sa biyan kuɗin kati, kowa jira yake a ba shi. Shugabannin ƙananan hukumomi kuwa a lokacin kuɗinsu yana asusun haɗin gwiwa da jiha, ba wanda zai yi tari sai an ba shi izini. Abu ɗaya ne tak a hannun shugaban jam'iyya wanda ba a iya tsallakewa cikin sauƙi: sa hannunsa a kan sakamakon zaɓen mazaɓu da jerin sunayen daliget. A lokacin daliget su suke fid da ɗan takara, don haka wanda ya rubuta sunayensu ya gama zaɓe tun kafin a buga ƙuri'a. Na yi shekaru ina neman inda "sama" take, sai ga ni zaune a cikinta da biro a hannu.

A ɗan tsakanin nan wani abu ya faru da ya faranta mini rai. A 2012, lokacin Akinwumi Adesina yana ministan noma, aka fito da tsarin tura wa manomi saƙo a waya ya je wurin dila ya karɓi buhu 2 a kan rabin kuɗi. Yana da nasa matsalolin, ga rashin sabis a ƙauye, ga wanda ba shi da waya, buhu 2 kuma ba sa kai ko'ina. Amma ya rage wa 'yan siyasa ikon raba taki a matsayin tukuicin biyayya, shi ya sa da yawa daga cikin abokan aikina ba su so shi ba. Sun sha zuwa ofishina suna ƙorafin an raba su da jama'a.

Shekarar zaɓen fid da gwani ta zo. Muka yi zaɓen daliget a mazaɓu, na zagaya da kaina, inda aka yi rigima aka sake. Sakamako yana cikin akwatin ƙarfe a ofishina. Wani dare bayan sallar isha'i motoci suka tsaya a ƙofar gidana. Wani na hannun daman mai girma ne, yaron da na san mahaifinsa. Ya cire takalmi ya zauna a ƙasa, ya gaishe ni da ladabi, sannan ya zaro ambulan guda biyu, ɗaya siririya ɗaya mai kauri. Ya tura mini siririyar.

"Baba Ciyaman, Oga ya ce a kawo maka ka sa albarka."

Na sa tabarau na buɗe. Jerin daliget ne na jiha gaba ɗaya, an buga shi tsaf, da gurbin sa hannuna a ƙasa. Na nemi mazaɓata. Mutanen da aka zaɓa a gabana babu ko ɗaya. A madadinsu akwai direban wani kwamishina, da wani yaro da yake karatu a wata jiha, da wani bawan Allah da ni na tsaya a kan kabarinsa bara waccan.

Na ce, "Ɗana, wannan ai ya rasu."

Ya ce, "Baba, ba matsala, za a samu mai shiga da katinsa."

Na ce ya koma ya gaya wa mai girma ina gaisuwa, kuma duk wanda yake so ya gaje shi, ya fito da shi fili mu bi daliget ɗin gaskiya mu roƙe su, ni zan shige gaba. Amma wannan takarda ba zan sa mata hannu ba. Ya ɗan yi shiru, ya tura mai kaurin gabana. Na tura masa abarsa. Sai ya canza murya ya ce, "Baba, ka tuna fa wanda ya ɗora ka." Na ce na tuna, kuma motar ofis tana waje, makullinta yana rataye a ƙusa, in zai tafi da ita yanzu bismilla.

Ba jarumtaka nake faɗa ba. Na san mutanen kirki da suka sa hannu a irin wannan takarda, kuma ban isa in zage su ba. Mutumin da ya bar sana'arsa shekara da shekaru, kuɗin makarantar 'ya'yansa da na asibitin matarsa duk suna jiran alawus ɗin kujera, da wane baki zai ce a'a? Ni a daren nan rumbunana a cike suke, ga shanun huɗa a turke, ga albasa a fadama tana jiran cira. Tun ina kansila ban taɓa barin damina ta wuce ni ba, ko ina majalisa ranar Juma'a da yamma ina hanyar gida. Abokai suna yi mini dariya wai Onarabul da kaftu. Gonar nan ita ta ba ni bakin magana.

Abin da ya biyo baya duk wanda ya san siyasar ƙasar nan zai iya faɗa. Ba a tunkare ni a jiha ba, mazaɓata aka koma. Aka tara wasu daga cikin shugabanninta a wani otal, suka sa hannu a takardar dakatar da ni bisa zargin yi wa jam'iyya zagon ƙasa. A rediyo na ji, ina kan hanyar fadama. Sojojin baka suka shiga gidajen rediyo suna cewa tsufa ya kama ni. Aka naɗa mataimakina riƙo, ya sa hannu a ranar. Sakataren mazaɓar tamu, wanda ni na koya masa rubuta bayanin taro, ya zo da dare yana hawaye, ya ce an ce masa takardar karɓar kuɗin mota ce. Na ce ya je ya kwanta.

Wasu 'yan takarar da aka zalunta suka tafi kotu, aka kira ni shaida, na ɗauki akwatin ƙarfen nan na kai. Shari'a ta yi ta tafiya har wanda ake ƙara ya ci rabin wa'adinsa. Amma ba kullum ake kwana a gado ba. A watan Mayu na 2019 Kotun Ƙoli ta soke duk ƙuri'un da APC ta samu a Zamfara saboda ba ta yi sahihin zaɓen fid da gwani ba, kujerun gwamna da na 'yan majalisa suka koma hannun PDP. Ranar wayata ba ta huta ba, har waɗanda suka ce na tsufa sun kira. Dokar zaɓe ta 2022 kuma ta zo ta bar zaɓaɓɓun daliget kaɗai su yi zaɓen fid da gwani a shekarar, aka cire masu shiga da muƙaminsu. Sai daliget suka ragu, darajar takardar sunansu ta ƙara hawa. Hukuncin Kotun Ƙoli na 11 ga Yuli 2024, wanda ya ce a riƙa ba ƙananan hukumomi kuɗinsu kai tsaye kuma a daina naɗa kantomomi, na yi murna da shi, sai dai muddin gwamna ne zai zaɓi wanda zai tsaya takarar ciyaman, kuɗin sun san hanyar komawa.

Ban sauya sheƙa ba, ko da yake an zo har gida an yi mini tayi. Katina yana nan, ina zuwa taron mazaɓa in zauna a benci tare da kowa. Gonar nesa mun daina zuwa saboda 'yan bindiga, ta kusa da fadama su nake lallaɓawa da 'ya'yana. Mataimakin nawa da ya gaje ni bai kai ƙarshen wa'adinsa ba shi ma. Ya saɓa da wanda suka ɗora, aka koma mazaɓarsa, aka tara shugabanni a otal. Ya aiko mini da kwafin takardar dakatarwar tasa in gani. Irin tawa ce kalma da kalma, suna da kwanan wata kawai aka canza, har kuskuren bugun da yake layi na biyu ba a gyara ba.